Ranar da Na Cika wa Farfesa Tapsoba Fom

Shekarata goma sha ɗaya ina aikin jin daɗin jama'a a Wagadugu sa'ad da aka miƙo min takardar Farfesa Tapsoba. Shi ya koyar da mu falsafa a jami'a. Rubuce-rubucensa duk a kan abu ɗaya suke: mai taimako yana da iko a kan wanda yake taimaka wa, kuma fom ɗin da muke cikawa ba ya ganin mutum, sai nakasarsa.

Yanzu ɓarin jikinsa ya shanye, matarsa ta rasu. Ƙanwarsa Pogbi ce ta nema masa keken guragu, ba a kuwa bayarwa sai an cika fom.

Na same shi a gindin mangwaro, Pogbi tana ba shi tuwo da miyar kuɓewa a baki. Ya gane ni.

"Wendyam, 'yar kujerar baya. Ke suka turo?"

"Ni ce, Malam."

Na yi tambayoyin farko lafiya. Da na zo kan ta goma sha huɗu, ko yana iya kama ruwa da kansa, sai na tsaya. Na kife takardar a cinyata.

"Karanta," in ji shi.

"Malam, zan cika a ofis."

"Ki amsa a madadina ke nan? Wannan ya fi tambayar muni. Karanta."

Na karanta. Ya ce a'a, ba ya iyawa, tun watan Maris. Pogbi ta tashi ta shige ɗaki.

"Shekara talatin ina rubutu a kan wanda ake tambaya," ya ce. "Ban taɓa tunanin mai tambayar ma tana jin kunya ba. Kina da lokaci ran Asabar?"

Keken ya iso bayan wata uku. Ni kuwa kowace Asabar nakan hau babur ɗina in je, yana faɗa ina rubuta masa sabon littafi a kan mai tambaya. Wani lokaci mu yi musu, in ce masa aiki ba haka yake ba, ya ɓata rai, sannan ya ce in goge.

Mun kai shafi arba'in da biyu ya rasu, ƙarshen damina. Pogbi ta ce in riƙe littafin, ita ba ta iya karatu ba.