Wayar da Aka Zagaye Gonar Asibi

Shekara uku Asibi ba ta taka gonarta ba. Da 'yan bindiga suka matsa wa ƙauyensu na bakin daji, ta bi ayarin masu gudu zuwa cikin Birnin Gwari, ta raɓe a ɗakin ƙanwarta tana tuyar ƙosai a bakin tasha. Da abubuwa suka lafa ta koma, sai ta tarar an zagaye gonar da waya mai ƙaya. Wani kwamitin raba filaye ne ya karɓe wurin, wai za a yi ma'ajiyar katako. Gonar nan marigayi mijinta ne ya sare ta da hannunsa.

Wata lauya mai suna Bushira ta shigar mata da ƙara a Kaduna. Wata bakwai Asibi tana bin hanyar nan, zuwa da dawowa, kafin alƙali ya yanke hukunci a ƙarshen bazara: a cire waya, a mayar mata da gonarta cikin mako biyu.

Ba ta iya karatu ba, amma da ƙafarta ta kai takardar hukuncin ofishin shugaban kwamitin, Alhaji Wakili. Ko hannu bai miƙa ba. Ya ce takarda ta Kaduna ce, shi kuwa a nan yake zaune. Ruwa ya sauka, maƙwabta suka yi shuka, masararsu ta kai gwiwa, ita tana tsaye bayan waya tana kallon ciyawa na cinye mata ƙasa.

Bushira ta koma kotu, wannan karon kan raina umarnin alƙali. A zaman farko lauyan Alhaji ya ce maigidansa yana wurin taro. A na biyu ya miƙa takardar likita, wai yana kwance, ko zama ba ya iyawa.

Asibi ta miƙe tsaye. Bushira ta riƙo bakin zanenta, Asibi ta fizge.

"Ranka ya daɗe, shekaranjiya na gan shi a kasuwa yana taya bijimi. Da bakinsa ya ce mini in gaishe da kotu."

Alƙali ya gargaɗe ta cewa ba haka ake magana a kotu ba, sannan ya sa aka rantsar da ita, ta maimaita kalma bayan kalma. Ya rubuta, ya umarci 'yan sanda su kawo mutumin ranar Litinin.

Ranar Litinin Alhaji Wakili ya shigo da ƙafarsa, lafiyarsa ƙalau. Ya yi ta ba da haƙuri, yana cewa daga sama aka hana shi. Alƙali ya nemi sunan na saman, ya kasa faɗa. Nan take aka wuce da shi gidan yari, sai ranar da aka cire wayar.

Washegari dattawa uku suka sami Asibi a gidan ƙanwarta. Suka ce mutumin yana da iyali, kuma gari ɗaya ake zaune, ta je ta roƙa masa sassauci. Ta shimfiɗa musu tabarma, ta kawo ruwa, ta saurare su har suka gama.

"Baba, ba ni na tsare shi ba," ta ce wa babbansu. "Wayarsa ce ta tsare shi. Ku je ku roƙe ta."

Kwana uku bayan haka ma'aikatan kwamitin suka zo da mota suka tuge turakun wayar, suna aiki ba mai kallon inda take. Aka sako Alhaji da yamma.

Lokacin masara ya riga ya wuce, wannan kam ba mai mayar mata da shi. Ta cike ramukan turakun da ƙasa, ta nome ciyawar da ta kai ƙugu, ta shuka wake. Tana cikin shukar wasu mata biyu da su ma aka killace gonakinsu suka iso, suna tambaya ko lauyar nan za ta saurare su. Asibi ta ce su jira ta kai ƙarshen kunya, ita za ta raka su.