Guɗar Uwar Ango

Zinat tana gyara wa amarya mayafi sai ta ji goggon yarinyar, Fawkiyya, tana magana a bayanta, ko sassauta murya ba ta yi ba.

"Shekara talatin tana rangaɗa wa 'ya'yan mutane guɗa a garin nan na Mahalla. Yau da ɗanta zai auri 'yarmu ne maƙogwaro ya tashi ciwo? Ta fito fili ta ce ba ta son auren mana!"

Zinat ba ta waiwaya ba. Kwana biyar ke nan da likita ya kankare mata ƙulli biyu a igiyar murya, irin kantar da ke fitowa a tafin hannun manomi. Ya ce guɗar ce ta jawo. Ya ce mako biyu ko raɗa kada ta yi, in ta ɗaga murya wurin zai yage, ba lallai ta ƙara magana ba. Ga shi ba ta iya rubutu ba, balle ta kare kanta a takarda. Tun rasuwar mijinta muryar nan ce abincinta, da ita kuma take yi wa kanta hira in ɗaki ya yi mata faɗi.

Ɗanta Midhat ya leƙo da sabuwar kwat, ya sumbaci goshinta.

"Mama, don girman Allah kada ki ce uffan. Na yi musu bayani."

Kafin ta gyaɗa kai har abokai sun janye shi. Ta koma ƙarshen layin kujeru ta zauna, mata suka bar kujera biyu tsakaninsu da ita.

Bayan la'asar aka ɗaura aure a rumfar da aka kafa a layi. Malam ya zare farin hankicin da aka rufe hannun ango da na uban amarya da shi, alamar aure ya ɗauru. A nan ne uwar ango kan fara guɗa, kowa ya san haka. Amarya Rabab ta ɗago kai ta neme ta da ido, idon ya ciko da ƙwalla. Zinat kuwa tana ƙaunar yarinyar nan har cikin ranta.

Ta miƙe, ta kara tafin hannu bisa leɓe, ta ja numfashi ta saki.

Daidai lokacin mai na'urar kiɗa ya danna maɓalli, guɗar da aka naɗa ta ɓarke daga lasifika huɗu, ta cika layin, ta danne ta Zinat. Duk kawuna suka juya can, har da na Rabab. Zinat ta ji wani abu ya tsinke a wuyanta, ɗanɗanon jini ya hau harshenta.

"Kun gani ko?" in ji Fawkiyya. "Ko sau ɗaya ba ta yi ba."

Wata baƙuwa ta miƙo mata kofin jan sharbat. Zinat ta karɓa da hannu biyu, ta buɗe baki ta ce na gode. Iska ce kawai ta fito.