Gahawar da Darlan Bai Taɓa Ba

Rusmini tana kwashe kwanukan karin kumallo a saman jirgin ruwa sai ta ga kofin mijinta a inda ta ajiye shi, kusa da sitiyari, cike fal, ko murfin ba a ɗaga ba. Ta tsaya cak da faranti uku a hannu.

"Jumran! Yayanka bai sha gahawarsa ba?"

Jumran, ƙanin mijinta kuma matuƙin jirgin, yana kwance a kan benci ya rufe fuska da hula. "Ni na dafa masa da za ki tambaye ni?"

"Ko taɓawa bai yi ba?"

"Yaya, mutumin da ya sauka yana huci kamar injin jirgin nan, ina ya ga ta taɓa kofi?"

Laifinta ne, ta kuma sani. Kwana biyu ke nan suna yawo a kogin Sekonyer da baƙi, wani tsohon Bature da matarsa da suka ƙetaro rabin duniya don su ga orangutan, jan goggon birin dajin nan. Sun ga birai masu dogon hanci har sun gaji da ɗaukar hoto, sun ga kada yana shan hantsi, amma abin da ya kawo su shiru. Itatuwa sun yi 'ya'ya bana, dabbobin sun ƙoshi a can ciki, babu wanda ya waiwayi ayabar da ma'aikatan gandun daji suke zubawa a kan dandamali. Mijinta Darlan kuwa shekararsa ashirin da shida yana yi wa baƙi ja-gora, abin ya tsaya masa a rai. Da safe ya ce yau zai wuce dandamalin, ya bi da su tsohuwar hanyar fadama. Ita kuma tana miƙa masa gahawa, bakinta ya riga hankalinta.

"Da wace gwiwar? Wadda nake shafa wa man zafi kullum? Ka tsufa, Baban Lina, ka yarda kawai."

A gaban ƙaninsa ta faɗa. Darlan ya juya mata baya. Ya ɗauki sandarsa, ya yafito baƙin, suka sauka.

Duk wanda ya tashi a bakin kogin nan ya san abin da ake kira kapuhunan. In an miƙo maka shinkafa ko gahawa, ba ka juya baya ka shiga daji. Ko ba ka so, ka sa yatsa ka taɓa, ka kai baki, sannan ka tafi. In ba haka ba, ka buɗe wa tsautsayi ƙofa. Kawun Rusmini ya taɓa tashi ya bar shinkafa a faranti don yana sauri, kafin azahar maciji ya sare shi a gonar roba. Limamin unguwarsu a Kumai ya sha faɗa cewa camfi ne, kuma Rusmini ba ta taɓa yi masa musu ba. Amma babu ɗanta da ya taɓa fita daga gida bai dangwali abin da ta dafa ba.

Ta ajiye farantan, ta danne murfin kofin, ta sa shi a leda ta ƙulle.

Jumran ya ɗaga hula. "Ina kuma za ki?"

"Zan kai masa."

"Cikin daji? Da gahawa mai sukari? Yaya, ba ki ga allon da ke bakin gada ba? Ko alewa ba a shiga da ita. Doka ce."

"Dokar ce za ta riƙe ni in ya mutu?"

"Haba, camfi ne fa. Sai ka ce ba ki je makaranta ba."

"To malam mai boko, wa na gani shekaranjiya ya dawo daga bakin gada da gudu don ya lakato miyar kifin da ya ce ba ya ci?"

Jumran ya mayar da hularsa kan fuska. "Yunwa ce ta dawo da ni."

Bai iya barin jirgi babu kowa ba, don haka ita kaɗai ta hau gadar katakon da ta ratsa cikin itatuwa. Shekararta goma sha ɗaya tana girki a jirgin nan, ta ciyar da baƙi daga ƙasashen da ba ta san inda suke ba, amma ba ta taɓa wuce allon nan ba. Dajin na Darlan ne, nata kicin. Abin da ta sani game da ciki duk a bakinsa ta ji, yana cin abinci yana ba da labari, tana wanke-wanke tana cewa "uhum".

Katakon yana da santsi, silifas ɗinta yana zamewa. Ƙwari suna ta kuka, gumi yana bin bayanta. Inda gadar ta ƙare hanya ta zama laka da saiwoyi, matsattsaku biyu suka maƙale mata a idon sawu, ta fizge su ba ta ko tsaya ba. A ranta ta ga Darlan sau goma: ya zame a fadama, reshe ya faɗo masa, maciji ya sare shi. Kowane lokaci kuma maganar ƙarshe da ya ji daga bakinta ita ce ya tsufa. Wannan ya fi komai cin ta. Ta ƙara sauri, ledar tana ƙara a hannunta, kacau-kacau.

Wani reshe ya ranƙwafo a samanta, ganye ya zubo. Kafin ta ɗaga kai, an riƙe mata wuyan hannun hagu.

Hannu ne mai dogayen yatsu, baƙi, da jan gashi. Mai shi, wata orangutan, ta sauko a hankali ta zauna a tsakiyar hanya, da jariri maƙale a ƙirjinta. Akwai tsohon tabo a saman idonta, da shi Rusmini ta gane ta. Kasturi ce, wadda Darlan ke cewa tun tana ƙarama ta zauna a hannun mutane kafin a mayar da ita daji, ta san ƙarar leda, ta kuma san in ta riƙe mutum sai an fanshe shi.

Ihu ya taso wa Rusmini har maƙogwaro, ta haɗiye. Me Darlan yake cewa ma? Kada a ja, kada a yi ihu, kada a kalli ɗan, a zauna. Ta zauna a cikin laka. Akwai na biyar, ta kuma tuna shi sarai: duk abin da ke hannunka, ka ba ta. Wannan ne ta ƙi. Ta rungume ledar da hannun dama.

Kasturi ta miƙo ɗaya hannun, tafin a buɗe, kamar mai karɓar canji a kasuwa.

"Haba 'yar'uwa," Rusmini ta ce da raɗa. "Ba taki ba ce. Ta maigida ce. Ki bari ya taɓa, wallahi sauran duk na bar miki."

Yatsun suka ƙara matsewa. Ba da fushi ba, kaɗan kawai, amma Rusmini ta ji ƙashinta ya amsa. Hawaye suka zubo mata. Ba ta san tsawon zaman da suka yi haka ba, mata biyu a tsakiyar hanya, kowace ta kafe.

Sai ta ji ƙarar sanda tana dukan saiwa, ƙwas, ƙwas.

Darlan ne ya ɓullo daga kwana, baƙin suna bayansa. Lafiyarsa ƙalau. Rigarsa ta jiƙe, wandonsa duk laka, amma ga shi tsaye da ƙafafunsa, da furfurarsa, da komai. Wani sanyi ya ratsa Rusmini tun daga kai har ƙafa, har ta manta an riƙe ta. "Alhamdulillahi," ta ce, ta sake cewa, ta kuma sake.

Shi kuwa ya ƙame. Ya ɗaga hannu ya tsayar da baƙin, ya ajiye sandarsa a ƙasa, ya tsuguna da ƙyar daga nesa. Da ya yi magana, muryarsa ƙasa-ƙasa ce, irin wadda yake yi wa dabbobi.

"Rus, me ke cikin ledar?"

"Gahawarka."

Ya rufe ido, ya buɗe. "Ba ta."

"Ba ka taɓa ba."

"Na ji. Ba ta."

"Matso ka sa yatsa kawai, sai in ba ta."

"In na matso tana da goyo, hannun nan naki za ta karya. Maman Lina, don Allah. Ki dube ni. Ga ni nan, babu abin da ya same ni. Sakar mata."

Rabon da ya ce mata don Allah har ta manta. Ta dubi fuskarsa, ta ga tsoro a fili, kuma ba don kansa ba. Ta sassauta hannu.

Kasturi ta karɓi ledar, a take ta saki Rusmini kamar ba ta taɓa saninta ba. Ta yaga ledar da haƙori, ta cire murfin da yatsu biyu, ta shinshina, ta tura leɓe ta shanye gahawar tas. Jaririn ya leƙa kofin, ta ture kansa. Sannan ta yar da kofin, ta kama reshe, ta haye sama ba gaggawa, ta zauna a inda kowa zai gan ta.

Tsohon Baturen yana ta danna kyamara. Matarsa ba ta ɗauki ko hoto ɗaya ba, ta toshe baki da hannu biyu tana kuka tana murmushi. Ta matso ta kama kafaɗar Rusmini tana ta zuba wasu kalmomi.

"Me take cewa?"

"Wai ba ta taɓa ganin mace mai ƙarfin hali irinki ba," in ji Darlan. Ya kama hannunta yana jujjuyawa, yana duba shatin yatsun. "Ban gaya mata cewa rashin ji ne ba. Yanzu sai na je ofishin ma'aikata na yi bayanin yadda aka yi matata ta shayar da Kasturi gahawa. Shekara ashirin da shida ban taɓa shiga da ko gyaɗa ba."

Rusmini ba ta saurare shi ba. Idonta yana kan kofin da ke kife a laka. Duk wannan tafiya, ga sauran hanya, ga kogi har Kumai, kuma bai taɓa ba.

Darlan ya bi idonta da kallo. Ya yi ajiyar zuciya, ya ɗingisa ya ɗauko kofin. A gindinsa akwai ɗan baƙin garin gahawa da ya kwanta. Ya dubi kofin, ya ɗaga kai ya dubi Kasturi tana lasar baki a sama, ya yamutsa fuska. Sannan ya sa yatsa ya lakato, ya kai harshe.

"Sukari ya yi yawa," ya ce.

"Haka kake sha."

Sai a lokacin numfashinta ya dawo daidai. Ta miƙe tana kakkaɓe laka, ta karɓi kofin ta soke shi a ƙugu. Baƙin suka wuce gaba suna waiwayen bishiya.

"Me ya dawo da ku da wuri?" ta tambaya. "Na zaci sai azahar."

Ya sunkuya ya ɗauki sandarsa. "Ba mu kai fadamar ba. Gwiwar ce ta ƙi." Ya ƙara rage murya. "Kada Jumran ya ji."

Maganar "ai na gaya maka" ta zo wa Rusmini har bakin leɓe, a shirye tsaf, da ma tun safe take ajiye. Ta dube shi, tsoho mai laka a wando, da baƙin gari a yatsa. Ta haɗiye ta. Ta ɗaga hannunsa ta ɗora a kafaɗarta.

"Katakon can santsi gare shi," ta ce. "Riƙe ni kada in faɗi."