Sunan Ɗan Fari

Suhaila ta doki tebur har kofin Seth ya yi tsalle.

"Wa ya ce ka sa wannan kiɗan makokin?"

Seth, abokin karatunta da ke tace mata fim, ya ɗaga kafaɗa. Shekara biyu tana bin Babanta, Malam Zubair, da kamara, yana ba ta labarin zamansa a Liverpool: aikin tashar jirgin ruwa, tarzomar tamanin da ɗaya, Baturiyar da ya aura suka rabu, da ɗansu Safwan da har yau yake can yana tuƙin bas. Yanzu ga Baba a allo. An tambaye shi sunan ɗansa na fari, ya sunkuyar da kai ya ce, "Wancan yaron." Seth ya ja shirun har daƙiƙa goma, ya ɗora hoton motoci na cin wuta.

"Nan ne zuciyar fim ɗin," in ji shi da Turanci. "Uban da ko sunan ɗansa ba ya iya faɗa. Don wannan wurin masu bikin fina-finai na Liverpool suka karɓe mu."

"Kunya ce, malam masani! Ba a kiran sunan ɗan fari a wurinmu. Ka tambaye ni?"

"Masu kallo ba su san haka ba."

Shi ma Yaya Safwan bai sani ba. A hannun uwarsa ya tashi, ko gaisuwa bai iya da Hausa ba. Kuma ya sayi tikiti, layin gaba.

"Ƙarfe biyar za a tura musu fim ɗin," Seth ya ce. "In an cire wurin nan, su ma za su iya cire mu."

"Su cire!"

Ta fizgi kamara. Minti goma ta isa shagon kayan abincin Baba a unguwar Gate City, ta kafa kamarar tsakanin buhunan shinkafa.

"Baba, ka faɗi sunansa. Sau ɗaya tak."

"Ke, ba ki da hankali? A gaban duniya?"

"To zai zauna cikin Turawa ɗari uku ya ga uban da ya tsane shi!"

Fuskar Baba ta canza. "Wane ɗan banzan ne ya ce na tsane shi?"

"Fim ɗina."

Ya daɗe yana hararta. Sai ya zaro walat, ya fito da wani ɗan zagayen roba da ya koma ruwan ƙasa, irin wanda asibiti ke ɗaura wa jariri a hannu, da sunan Safwan rubuce a jiki. Ya tura shi har bakin gilashin kamara.

"Su karanta da idonsu. Shekara arba'in da huɗu yana aljihuna. Amma bakina ba zai faɗa ba, ko Sarkin Ingila ne ya tambaya."

Biyar saura kwata ta dawo, ta ture Seth daga kujera, ta goge kiɗan da hannunta.