Mutumin da Ya Zaɓi Makullin Mota

Ni Lami, mai girkin gidan Alhaji Baffa da ke Nassarawa GRA, an cuce ni, kuma da waya aka cuce ni.

Tun Ameera, autar gidan, tana rarrafe nake tuƙa musu tuwo. Yanzu ta shiga jami'a, ta dawo hutu, ba ta da aiki sai kallon finafinan tsoro da rana tsaka, labule a sake, iyakwandishan yana hura ta. Kicin kuwa zafi kamar gidan burodi, don haka idan zan tsince wake sai in ɗauko farantina in zauna a bakin ƙofar falo in sha sanyi. Ido kuma ba a ɗaure shi.

Ba na jin Turanci, ba na kuma bukatarsa. Wanda za a kashe, tun daga takunsa ake gane shi. Sunayensu ne ba sa zama a bakina, sai in raɗa musu na mutanen da na sani. Mai ƙaton ciki ya zama mai unguwarmu, mai surutu ta zama matar mai kayan miya. Haka nake yi shekara da shekaru, ba wanda ya yi ko ciwon kai.

Ranar da abin ya faru, fim ɗin na wani mutum ne da ya kwashi matarsa da tsohon ciki ya kai ta wani gida a tsakiyar daji, ba maƙwabci, ba masallaci, ko mai shayi babu. A ƙarƙashin gidan akwai ɗakin tarkace, a ciki wani abu yake zaune. Da suka ji motsi, maimakon su yi addu'a su fice, sai matar ta ɗauki tocila mai lumshewa ta nufi wurin tana tambaya wai wane ne. Na ce, 'yar nan, idan ya amsa fa? Da abin ya fito, mijin ya dube shi, ya dubi matarsa, ya dubi makullin mota. Ya zaɓi makulli.

Mutumin dogo ne mai ɗan ranƙwafo, yana jefa ƙafa ɗaya waje in yana tafiya, sak mijin autata Sakinatu. Tun da aka ɗaura auren nan ban taɓa kama sunansa ba, ban taɓa haɗa ido da shi ba. In ya zo gaisuwa, daga bayan labule nake amsawa. Amma ranar raina ya ɓaci da mai motar nan, sunan ya fito, har da na mahaifinsa. Na ce ga shi can, rago, ya bar mace da ciki ya tsere. A falo na faɗa, tsakanina da wake da bango. Ashe Ameera ta jingina wayarta da tulun furanni tana ɗaukata.

Kafin Juma'a duk Kano ta gan ni. Mai nama a kasuwa ya ce, "Iya, ya labarin surukinki?" Surukin nan kuwa shi ne shugaban 'yan sintirin layinsu a Kawaji, mutumin da ke yawo da gora da usur yana tsare dukiyar jama'a. Sai ga yara suna binsa suna kaɗa masa makullai.

Sakinatu ta kira ni tana kuka. Watan haihuwarta ya kama, haihuwar fari, kuma tun tuni aka shirya ni zan je Kawaji in zauna mata, in yi mata wankan jego har arba'in. Na riga na sayi kanwa da kayan yaji, na sa an daka. Ta ce, "Inna, ya ce gwaggonsa ta Hotoro za ta zo. Ya ce ƙafarki ba za ta taka gidan rago ba." Gwaggon nan da ko ruwan shayi ba ta iya tafasawa. Kuma ba ni da bakin ba shi haƙuri, don suruka ba ta tsayawa gaban suruki ta yi dogon zance. Dole sai babba ya je.

Na fara da Ameera. Ta ce, "Haba Iya, kin fa zama tauraruwa. Kowa yana cewa sharhinki ya fi na masu digiri." Ta ce ta goge, amma wai wasu sun riga sun kwafa, har an sa mini kiɗa.

Na je wa Hajiya Hafsat, uwarta. Ta ce, "Wallahi ban ji daɗi ba, Iya. Amma ni fim ɗin ma bai burge ni ba. Da abin ya fito ai kamar tsohon bargo. Da sun ɓoye shi har ƙarshe da ya fi ban tsoro."

Na ce, "Hajiya, ba bargo na kawo ƙara ba."

Sai gaban Alhaji. Tun da ya yi ritaya daga aikin gwamnati yake neman abin da zai yi wa shugabanci, don haka ya tara mu a falo, ya gyara tabarau, ya ce ba ya yanke hukunci sai ya ga hujja. Na zaci ni za a kalla. Ashe fim ɗin za a kunna daga farko. Aka kawo masa gyaɗa. Ina tsaye da ƙorafina, suna zaune suna musu. Ameera ta ce kiɗan ne ya ɗauki fim ɗin. Hajiya ta ce matar ta cika ihu. Alhaji ya ce babban kuskuren shi ne ba a binciki takardun gidan ba kafin a saya, kuma shi ya fi son fim na faɗa, irin wanda mutum ɗaya zai doke rundunar ƙarti rigarsa ko yamutsewa ba ta yi ba, don a nan ake koyon shugabanci. Da aka gama ya ce ya ba fim ɗin shida cikin goma. Ni kuma ya ce in yi haƙuri, abin yara ne, zai wuce.

Na ce, "Alhaji, ciki ba ya jiran abu ya wuce. Ka je Kawaji ka ce 'yarka ce ta yi laifi."

Ya ce zai duba. Na san wannan duban. Da shi ya yi aikin gwamnati har ya gama.

To, ni ba ni da lauya, amma ina da abin da na sani. Akwai wani fim mai dogon zango da Alhaji yake bi kullum bayan la'asar, na wani ɗan sanda da ke farautar mai sa wa alƙalai guba. Alhaji yana ji da shi kamar gonarsa, har waya yake kashewa. Abin da bai sani ba, Hajiya ta riga ta cinye shi kaf da hantsi lokacin da yake fita zaga gari, sannan da la'asar ta zauna gefensa tana salati kamar yau ta fara gani. Ni kuwa da farantina a bakin ƙofa, na ga ƙarshe.

Washegari na kai masa fura daidai an fara. Na durƙusa na ajiye, na ce, "Allah ya ja kwana. Wannan mai jar hular da kake zargi ba shi ba ne. Gobe za a tsince shi a cikin firji."

Ya ajiye ludayi. Ya ce, "Lami, wa ya tambaye ki?"

Na ce, "Ni ma ba a tambaye ni ba aka nuna wa duniya."

Rana ta biyu na gaya masa matar ɗan sandan ba ta mutu ba, tana ɓoye a gidan ƙanwarta. Ya toshe kunne da hannu biyu, babban mutum da jikoki. Ya koma kallo a ɗakinsa ya kulle ƙofa, na zagaya ta bayan taga wajen shanya, na ɗaga murya ina gaya wa mai ban ruwan fulawa cewa jirgin da za su hau ba zai tashi ba. Ya aiko Hajiya ta ce zai sallame ni. Na ce to, amma kafin in ɗaure kayana zan faɗi sunan mai gubar, kuma zan faɗi inda na gani da wadda na gani tare da ita. Hajiya ta juya ta koma ciki. Ban san me ta gaya masa ba. Na dai ji yana ƙwala wa Ɗanladi direba kira ya fito da mota.

Muka tafi Kawaji da ƙwaryar goro, Ameera a baya ta sha hijabi har ƙasa, fuska kamar an aiko ta jana'iza. Ni na shige ciki wajen Sakinatu, na same ta ƙafafu a kumbure, na zauna bayan ƙyauren tsakar gida inda ake jin zancen soro. Ameera ta durƙusa ta ba da haƙuri, aka ce ta tashi. Sannan Alhaji ya yi gyaran murya.

Ya ce, "Malam Abdulƙadir, ni na kalli fim ɗin nan da idon basira. Mutumin nan ba gudu ya yi ba."

Surukina ya ce, "Ranka ya daɗe, abin da nake ta gaya wa mutane ke nan. Sau uku na kalla. Mu a aikin sintiri, in abu ya fi ƙarfinka, gudummawa kake nemowa."

"Shi ke nan. Dabara ce. Ai da ya tsaya, da su biyu za a rasa."

"Kuma in ka lura, Alhaji, ya kunna fitilar mota kafin ya ja. Haske ya bar mata."

"Ka ga wannan ni ban lura ba. Lallai sai na ƙara masa maki."

Suka yi ta yi har goro ya ragu. Mutumin da na gani da idona ya take tukunyar fulawa garin sauri, bai ko waiwayo ba, kuma har fim ya ƙare bai dawo da ko ɗan sanda ɗaya ba, a soron nan ya zama jarumi. A ƙarshe suka yanke cewa tunda mai motar gwarzo ne, to Iya yabo ta yi, tsufa ne ya sa ta kasa fahimtar fim. Alhaji ya ce ai ba ta yi makaranta ba, a yi mata uzuri.

Na yunƙura zan tashi. Sakinatu ta riƙe mini zane, ta ce a hankali, "Inna, don Allah."

Na dubi ƙafafunta. Na koma na zauna.

Can surukina ya matso bakin ƙyaure, ya rage murya yadda ya saba, ya ce, "A gaya wa Inna ɗakin yana nan a share. Itace ma na sa an kawo."

Na ce wa Sakinatu, "Ce masa an gode. Ce masa kuma itacen nan na gani, ɗanye ne, hayaƙi zai yi. A canjo busasshe kafin ranar."

Ya ce za a canjo.

A mota Alhaji ya juyo ya ce, "To Lami, an biya ki. Sai ki riƙe bakinki." Na ce an ba ni ɗakin 'yata dai, amma an ce ban fahimci fim ba, wannan kuwa ba a biya ni ba. Ranar Talata Sakinatu ta sauka, mace, mai dogayen ƙafafu irin na uban. Na ɗora tukunya tun kafin a yanke cibi.