Jinin da Eusebio Ya Kai Asibiti

Asibiti sun faɗa mana ƙiri-ƙiri: ba za a yi wa surukata, Mamita Teodosia, aikin ƙugu ba sai dangi sun ba da jini tukuna. Ni aka ce nawa bai isa ba. Ya rage mijina Eusebio, ɗanta tilo, wanda ya bugi ƙirji ya ce ko rabin na jikinsa ake so a ɗiba.

Ranar aikin da safe ya ƙi karyawa, wai wani abokinsa direba ya ce da wofin ciki ake ba da jini. Na dafa miyar dankali, na yi magiya, ko kallonta bai yi ba. Eusebio ke nan, maganar kowa yana ji ban da tawa.

A hanya muka bi ta gidan Gumercindo, uban baftismar ɗanmu, ana zuba rufin sabon bene. Magina sun yi da'ira, kwalbar giya na zagayawa da kofi guda, kowa ya sha ya zubar da kumfa ya miƙa gaba. Duk garinmu na Huancayo ba mai ƙin kofin nan ya ci gaba da mutunci da maigida.

"Compadre!" in ji Gumercindo, kamar yadda uban yaro da uban baftisma ke kiran juna. "Rufina za ka wuce kamar na bare?"

"Asibiti za ni."

"Haba, giya ce fa! Ruwa ce, jini ma za ta ƙara maka."

Na ja masa hannun riga. Ya ce, "Zoila, maƙogwaro kawai zan jiƙa." To, kofi mai zagaye ba ya barin mutum ya san nawa ya sha. Wanda kan sha fiye da haka ranar Lahadi bayan ya ƙoshi, ya tashi garau, sai ga shi yana rungumar magina yana kiransu 'yan'uwa.

A asibiti, da layi ya zo kanmu, nas ɗin ta matso da auduga, sai ta ja baya.

"Baba, me ka sha?"

"Ɗan kaɗan ne, 'yata."

"Me ka ci?"

"Ko ƙwayar masara!" Har da alfahari.

"Shi ya sa. Ciki ba komai, kai tsaye ta wuce jini. Wannan zan ɗura wa tsohuwa?"

Ya ce zai wanke fuska, zai sha gahawa mai ɗaci. Ta ce ba mai fitar da giyar sai lokaci, ya dawo jibi. Likitan ƙashin da zai yi aikin kuwa yau yake tafiya, sai wata mai zuwa zai dawo. Duk layin suna ji, wata mata har da toshe hanci. Wayyo, na ji kamar ƙasa ta tsage in shige!

Muka hau sama ɗakin Mamita. Tun jiya aka hana ta abinci saboda aikin. Yanzu an cire mata rigar tiyata, an ajiye mata kwanon shinkafa. Ta dubi gwiwar hannun Eusebio, ba auduga. Na jira faɗa, har ina so ta yi shi, ko na samu sauƙi.

Sai ta tura masa kwanon.

"Ci, ɗana. An ce tun safe ba ka sa komai a cikinka ba."

Ta kama ƙarfen gado da hannu biyu, tana cije leɓe, ta juya a hankali ta fuskanci bango. Eusebio ya tsaya riƙe da cokali.