Gonar da Ta Zama Daji

Da safiyar Talata muka tarar da dutsen. An kafa shi a tsakiyar turbar da muke bi zuwa gonarmu ta gahawa, an shafe shi da farin fenti. Mahaifina Ouseph ya zagaya shi sau biyu, ya ƙwanƙwasa shi da sanda.

"Kunjumol, karanta min."

"Lamba ce kawai, Appachan." Haka muke kiran uba a wajenmu.

"Lambar wa? Ni dai na san lambar gonata."

Bayan kwana uku takarda ta iso. Eka shida ɗin da kakana ya saya a tsaunukan Wayanad sun zama daji mai rauni da dole a kare, mallakar gwamnati, kuma babu diyya. Appachan bai yi faɗa ba. Tambaya ɗaya ce ta hana shi cin rogonsa: yaya ake gane daji?

* * *

Na raka shi ofishin masu gandun daji. Wani jami'i mai suna Haridasan ya juyo mana da kwamfutarsa.

"Daga sama aka ɗauki hoton nan. Ka ga wannan kore shar ɗin? Daji ke nan."

Appachan ya gyara tabarau, ya matso har hancinsa ya kusa taɓa gilashin. Bai taɓa ganin gonarsa daga sama ba.

"Kai! Ashe haka take da kyau? To Yallaɓai, gahawar tana ƙarƙashin itatuwan nan. Ba ta son rana."

"Hoto bai nuna ta ba."

"Wannan jan filin na kusa da ni fa?"

Filin Varkey ne, maƙwabcinmu, wanda ya sare komai shekara goma da suka wuce ya gina ɗakunan baƙi.

"Wannan ai babu itace," in ji Haridasan. "Me za mu kare a wurin?"

A cikin bas Appachan ya yi ta juya maganar. "Wato wanda ya sare, nasa ne. Wanda ya bari, ba nasa ba ne. Ko ni ne ban gane ba?"

* * *

Mu masu gonaki goma sha ɗaya muka shigar da ƙara. Kotu ta turo mai auna ƙasa, wata matashiya da matsattsaku suka addabi ƙafafunta. Appachan ya shafa mata gishiri, sannan ya shiga gabanta yana gabatar mata da itatuwa ɗaya bayan ɗaya.

"Wannan mahaifina ya tarar da shi. Wancan ni na dasa shekarar da giwa ta rushe mana rumbu. Dubi masoron da ya naɗe shi. Biri ne ya shuka?"

Ta yi dariya, ta rubuta: manyan itatuwa ɗari biyu da sha huɗu. Ya dawo gida yana taƙama.

Lauyanmu kuwa dafe kai ya yi.

"Wa ya ce ka nuna mata duka? Kowane itace shaida ne a kanka!"

Aka kewaye gonar da waya, aka hana mu shiga sai an yanke hukunci. Damina huɗu ta wuce ana ɗage zama. Ciyawa ta haɗiye gahawar, birai suka cinye 'ya'yan. Da aka sake turo wani ya duba, layi ɗaya ya rubuta: babu alamar noma.

* * *

Wata Asabar wani maƙwabcinmu, Kumaran, ya zo. Eka biyu gare shi a ƙetaren rafi, kuma har lokacin ba a kafa masa dutse ba. Ya sha shayi, ya tambayi lafiyar gwiwar Appachan, ya yi ta murza kofi a hannu.

"Ouseph-chetta, zarton nan naka mai inji yana nan?" Chetta shi ne babban wa a harshenmu.

"Itace ne ya faɗi?"

Kumaran ya sunkuyar da kai. "An ce za su sake ɗaukar hoto bayan damina. 'Ya'ya uku gare ni, chetta."

Na zaci Appachan zai kore shi. Sai ya tashi ya shiga ɗakin ajiya, ya fito da zarton da bai taɓa ɗora shi a kan ɗanyen itace ba.

"Haƙoransa sun dakushe," ya ce. "Ka wasa tukuna."

Kwana tara kwarin yana amsa kukan inji, don daga hannun Kumaran zarton ya wuce wasu gidaje biyar. Da yammacin rana ta goma na sami Appachan tsaye a jikin waya, ya ɗaga kai. Tsuntsaye ne ke ƙetaro rafi garke-garke suna sauka a itatuwanmu.

"Kunjumol, zo ki gani. Wancan mai jan baki, ban taɓa ganin irinsa a nan ba."

Ya saki wayar. Tsatsarta ta bar masa layi biyu a tafin hannu.